Finjalin Rayyan

Assalamu alaikum 'yan uwa. Na ga saƙonninku, masu yi min tsiya a kan na ɓace kwana tara da masu yi min addu'a, duk na gode. Ba jan aji na yi ba, hannuna ne ya kasa riƙe waya. Wanda yau ya fara leƙowa, sunana Manar. A Utaibiyya aka haife ni, nan cikin Makka, kakanmu ne ya zo Hajji daga Kano bai koma ba. Shekarata ashirin da bakwai, ina aiki a wani kantin magani, kuma shekara biyu ke nan wani bawan Allah mai suna Majid yana jiran a ɗaura mana aure, abu ya gagara.

Ba wanda ya ƙi shi. Ummina ma ta fi ni son sa, in ya zo har kazar da ta hana ni taɓawa take zuba masa. Matsalar waliyyi ce. Baba ya rasu shekara biyar da suka wuce, waliyyina kuwa yayana ne, Rayyan, shi kuma shekara bakwai ba mu ji ɗuriyarsa ba. Baffa Abdulilah, ƙanin Baba, ya faɗa ya maimaita cewa takarda ɗaya ce za a karɓo a mahkama, wato kotu, a rubuta ba a san inda yake ba, walicci ya dawo hannunsa. Ummi ta ce ranar da aka rubuta ɗanta a cikin ɓatattu, ranar za a rubuta ta a cikin matattu. Na san doka ba ta hana ni zuwa mahkama da ƙafata ba. Amma ku gaya min wacce 'ya ce za ta tsallake hawayen uwarta ta shiga ɗakin miji.

Kullum bayan la'asar Ummi tana dafa gahawa. Ta jera finjalai a farantin azurfar da ta zo da shi gidan nan tana amarya, nata, nawa, na baƙo in akwai, sai wani mai zanen kore da bakinsa ya ɗan ɓantare. Na Rayyan ne. Ba a zuba komai a cikinsa, amma kullum sai an wanke shi tare da sauran. Ni nake wankewa, kuma har yau in na kai kansa sai na ji kamar akwai mutum tsaye a bayana.

Akwai abin da ban taɓa gaya muku ba, yau zan faɗa. Ni ce sanadin ɓacewarsa.

Rayyan tun yana ƙarami kokawa ce ransa. Katifun gidan nan ba wadda bai ja zuwa saman bene ya tumurmusa ba. Da ya samu gurbin karatu a Amurka, Baba har rago ya yanka. Shekara biyu da tafiyarsa ya turo min hoto, daga shi sai gajeren wando, a tsakiyar filin kokawa, yana dariya har kunne. Ya rubuta, "Na bar makaranta, Manar. Amana ce, kar ki gaya wa Baba sai na zama wani abu." Na kwana uku ina riƙe da amanar. Rana ta huɗu Baba yana ba baƙi labarin ɗansa injiniya, ni kuma da suka tafi na miƙa masa wayar. Na ɗauka faɗa zai yi masa ya koma aji. Abin da na ji Baba yana faɗa a waya kuwa shi ne, "In ba da takardar da na tura ka nema ba, kar na ga ƙafarka a Makka." Daga ranar layin Rayyan bai ƙara shiga ba. Baba kuma har ya koma ga Allah ban ƙara jin sunan a bakinsa ba.

To, mu dawo kan Majid. Shi ɗan rakiyar ziyara ne, irin masu riƙe tuta suna zaga alhazai da masu Umra, yau Jabalin Nur, gobe Arafa da Muzdalifa. Kamfaninsu ya tura shi da wani abokin aikinsa taron masu harkar yawon buɗe ido a birnin Meziko, sati ɗaya. Ranar da zai tafi ya tsaya a ƙofar falonmu cikin farar jallabiya, yana murza mukullin mota, ya ce a hankali, "Manar, mahaifiyata ta ba ni zuwa ƙarshen wata. Ta ce in ba a sa rana ba, akwai 'yar ƙanwarta a unguwar Ka'akiyya."

"Kai kuma me ka ce?"

"Na ce mata ɗayyib."

"Ɗayyib? Wato ka amince?"

"Me kike so in ce wa uwata? Ke me kika ce wa taki?"

Na bi bayansa da kallo har ya sauka matattakala, ina jin haushinsa, ina jin haushin kaina fiye da nasa.

Tsakaninmu da can awa tara ne, don haka saƙonninsa da safe nake tararwa. Ranar Asabar ba ni da aiki. Na idar da walha, na zauna a bakin gado da kofin shayi, na ga ya turo abu har goma sha ɗaya. Wai masu masaukinsu sun haɗa wa baƙin taro yawon gari na wuni guda, a ga tsohon birni, a ɗanɗana kayan gargajiya, a rufe da kallon kokawa.

Na farko wani fili ne fetal da tuta ƙatuwa a tsakiya. Na biyu wata tsohuwar coci da ta ɗan karkace, ya rubuta wai ƙasar garin ce take nutsewa a hankali. Sai kasuwa, barkono iri-iri kamar ka ce kasuwar Yankaba ta Kano. A ƙasa ya rubuta: "Ɗan rakiyarmu ya iya aiki wallahi. Kafin mota ta tashi sai ya bi kujera-kujera yana ƙirga mu da hannu, kamar yadda muke yi wa alhazai a Muzdalifa. Amma tun safe fuskarsa a rufe take da hular 'yan kokawa, sai ido da baki. Wai talla ce. Baƙi ne wuluk, ina jin ɗan Kuba ne."

Na yi dariya, na ce masu sana'a ɗaya ko a ina sai sun yi wa juna ƙwaƙwa.

Sai na kai kan wani saƙo da ya fara da ban haƙuri. "Ma'alesh, kar ki yi fushi. Ashe kayan gargajiyar da aka ce za a ɗanɗana giya ce, wata wai meskal. Wallahil azim ban sani ba sai da muka zauna. Ban sha ba, ga shaida na ɗauka miki."

Raina ya ɓaci. Ɗan Makka guda, a teburin giya! Har na fara rubuta masa abin da zai tashi ya tarar, sai na ce bari in ga shaidar tukuna. Bidiyo ne.

Wani ɗaki ne mai jan bango, dogon tebur, Turawa da 'yan China sun jeru suna hayaniya. A gaban kowa an ajiye wani ɗan kofin ƙasa marar mariƙi, girmansa sak finjali. Mai rufaffiyar fuskar yana tsaye, hular tasa shuɗiya da zanen azurfa a gefen ido. Ya yi musu bayani da Turanci, aka yi dariya, sannan ya ɗauki kwalba.

Da hannun hagu ya ɗauka. Ya fara daga dama.

Ya karɓi kofin mutum na farko da hannun dama, ya ɗiga kaɗan a gindinsa, ko kashi ɗaya cikin uku bai kai ba, ya ɗan taɓa bakin kwalbar a jikin kofin ya yi ƙara ƙil, sannan ya rusuna ya miƙa. Haka na biyu. Haka na uku. Na ajiye kofin shayin, ban san dalili ba tukuna.

Ya iso kan Majid. Waya tana hannun Majid na hagu, sai hannunsa na dama ya shigo hoton riƙe da kofin ba komai a ciki. Bai ce uffan ba, ina jin Turancin ne ya gudu ya bar shi. Sai kawai ya karkaɗa kofin, dama da hagu, yadda muke yi a nan in mun ƙoshi da gahawa. Sabo ne, shi kansa bai san ya yi ba.

Jama'a, Baturen da ke kusa da shi cewa ya yi a zuba masa, ya ɗauka roƙo yake. Ko ni ce a wata ƙasa haka zan ɗauka. Amma mai kwalbar cak ya tsaya. Ya janye ta zuwa ƙirjinsa. Ya karɓi kofin daga hannun Majid ya kife shi a kan tebur, ya tsallake abokin aikin Majid ma ba tare da ya tambaye shi ba. Idanun nan biyu da ke cikin ramukan hular suka tsaya a kan wayar, daƙiƙa ɗaya, biyu, uku. Hoton ya ƙare.

Saƙon da ya biyo baya cewa ya yi: "Kin gani ko? Mutumin kirki ne, zoɓo ya kawo mana mai sanyi. Ashe su ma suna shan zoɓo."

Na mayar da hoton baya. Na sake mayarwa. A karo na biyar na tsayar da shi daidai inda hannun dama ya karɓi kofin, na buɗa da yatsu biyu har hoton ya dushe. A gindin babban yatsa akwai wani farin tabo mai kamar jinjirin wata. Ina tsaye a kicin ranar da aka yi shi. Rayyan yana da shekara goma sha biyu, Ummi tana koya masa zuba wa baƙin Baba gahawa, ya damƙi butar ta ciki maimakon ta mariƙi.

Sauran hotunan na kokawa ne, ƙarti masu rufaffun fuskoki suna tashi sama suna faɗowa kan juna, jama'a na ihu. Ban iya kallo ba. Na kira Majid sau shida, yana barci. Na kife wayar a ƙarƙashin matashi, na shiga wanke-wanken da na riga na yi.

Wunin nan ban san yadda ya wuce ba. Yayana yana raye. Yayana yana zuba wa mutane giya da ladabin da uwarmu ta koya masa. Ga ni kuma, bayan shekara bakwai, na sake zama ni kaɗai da hotonsa a waya. Wancan karon na nuna, gida ya rushe. Na rantse a raina wannan karon ko za a yanka ni ba zan nuna ba, sai na yi magana da Majid.

Bayan la'asar Ummi ta fito da faranti, ta sa doguwar rigarta ruwan toka, ta yafa farin mayafi, ƙamshin turaren wuta yana bin ta. Ta zauna a ƙasa inda ta saba, gefen kujerar Baba da har yau ba mai hawa. Ta zuba min, na karɓa, na kasa kaiwa baki.

"Ya binti, lafiya? Tun safe kike yawo kamar kazar da za ta yi ƙwai."

"Ba komai, Ummi. Kaina ne."

"Majid ya kira?"

"Ya turo hotuna."

Bakina ne ya yi saurin da ya saba. Ta miƙo hannu tana murmushi. "Mu gani, in ga ƙasar da suka kai min ɗa."

Na buɗe mata filin tuta, na buɗe mata kasuwa, ina riƙe da gefen wayar kamar mai riƙe da yaro a bakin titi. Sai aka buga ƙofa, maƙwabciyarmu ce ta dawo da tukunyar da ta ara. Minti biyu na yi a ƙofar nan, ban fi ba. Ina juyowa na ji ƙil, ƙarar bakin kwalba a jikin kofi.

Ummi ba ta ɗago ba. Ta kai wayar kusa da fuskarta, tabaronta ya zamo kan hanci. Ita ba ta buƙaci tabo ba. Hoton ya ƙare ta sake dannawa, sai na ji ta ce, murya ƙasa-ƙasa kamar mai magana da wani a ɗakin, "Sunkuya kaɗan. Yawwa. Kar ka cika."

"Ummi..."

"Ni na koya masa. Babanku ya ce in baƙo ya ga an cika masa finjali, cewa aka yi ya sha ya tafi." Ta shafa fuskar wayar da yatsa, daidai kan shuɗiyar hular. "Ya rame."

Na durƙusa a gabanta, hawaye ya riga ni. Ita ko ɗigo. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ɗago ta dube ni.

"Mene ne a kwalbar?"

Wallahi na so in ce ruwa ne. Fari ne tas, da ta yarda, ko ta yi kamar ta yarda. Amma idon Ummi ba irin wanda ake yi wa ƙarya ba ne.

"Giya ce, Ummi."

Ta rufe ido. Na ga leɓenta yana motsi da istigfari. Agogon bango ya yi ta bugawa, motar mai gas ta wuce a layi tana ƙwanƙwasa tukwanen gas.

"Shi yana sha?"

"Ban gani ba."

"Ya zuba wa Majid?"

"A'a. Zoɓo ya kawo masa."

Ta gyaɗa kai a hankali. Sai ta jawo butar gahawa, ta ɗauki finjalin nan mai zanen kore, ta zuba a ciki, karo na farko a shekara bakwai. Ta ajiye shi a gabanta, tururi yana tashi.

"Danna min abin da ake magana."

Na danna, na kara mata a baki. Ta gyara mayafi kamar yana ganin ta.

"Rayyan. Ramlatu ce, uwarka. Na ga hannunka. Na zuba maka gahawa, tana hucewa. Ƙanwarka ta samu miji, an hana ta aure saboda kai. Kalas, ya isa haka. Ka zo ka ɗaura."

Na tura wa Majid, na bi shi da bayani dalla-dalla. Ba a jima ba ya tashi daga barci ya kira. Da farko cewa ya yi na haukace. Da na ce ya buɗe hoton ya dubi lokacin da ya karkaɗa kofi, sai ya ce, "La ilaha illallahu. Ni fa ban ma lura ba. Wane ɗan Kuba ne zai san wannan?" Ya ce jirginsu da daddare ne a can, amma ɗan rakiyar yana da wani zagayen safe, a filin tutar nan suke haɗuwa. Zai je.

"Majid, in ya gudu fa?"

"In ya gudu na bi shi. Alhazai nawa na kamo a Mina? Ki bar ni da shi."

Muka yi magariba, ni da Ummi, a falo. Ba ta tashi daga kan sallaya ba. Gahawar ta huce a finjali, ta hana ni ɗaukewa. Na ajiye wayar a kan faranti tsakaninmu, mu biyu muna kallon ta. Baffa Abdulilah ya kira, na katse. Mahaifiyar Majid ma da ta san abin da ake ciki a falon nan, da ta ƙara mana ko kwana uku ne.

Ana gab da kiran isha wayar ta yi haske.

"Na same shi. Na ja shi gefe na yi masa sallama da Hausa, ya ce bai gane ba. Na kunna masa muryar."

Alamar yana rubutu ta fito, ta ɓace, ta sake fitowa.

"Ya saurara sau uku. Ya zauna a ƙasa a bakin titi, baƙinsa suna tsaye suna jira. Bai cire hular ba."

Na karanta wa Ummi. Ta dafe ƙirji, ta ce, "Sai me? Ya ce me?"

Saƙo na uku ya shigo. Wannan ban karanta a fili ba.

"Tambaya ɗaya ya yi. Ya ce, Baba ya huce? Manar, bai sani ba. Me zan ce masa?"

Na ɗago na dubi kujerar Baba. Carbinsa yana rataye a hannunta inda ya bar shi. Shekara biyar Rayyan yana can yana tsoron fushin mutumin da ke kwance a kabari. In na ce ya rasu, ya rasu bai ambaci sunanka ba, wa zai hana shi tashi daga bakin titin nan ya shige cikin jama'a da hularsa, mu sake wata shekara bakwai? Sau biyu ina faɗin gaskiya a kan Rayyan. Ta farko ta kore shi, ta biyu har yanzu ina ganin ta a fuskar Ummi.

"Me ya ce?" Ummi ta sake tambaya.

"Yana gaishe ki."

Na sunkuya na rubuta wa Majid: "Ka ce masa ya huce."

"Manar."

"Don Allah. Haka kawai za ka ce. Sauran in ya zo."

Ku zage ni in kun ga dama, na riga ku. Minti ɗaya ya wuce, biyu. Ladan ya fara kiran sallah, muryarsa ta cika layin. Sai saƙo ya shigo.

"Na faɗa masa. Ya cire hular. Kuka yake kamar yaro. Yana neman karɓe wayar daga hannuna, wai a ba shi Baba ya roƙe shi gafara da bakinsa."

Ban gama karantawa ba wayar ta fara ruri a kan faranti, finjalai suna kaɗawa. Kiran bidiyo ne. Ummi ta riga ni kai hannu.